Ɗigon Jan Farce a Gindin Kofin Nivaldo

Ni ba marubuciya ba ce, mai suyar pastel ce, wani abu mai kama da samosa, a kasuwar Lahadi, sunana Ondina. Da ba don abin da na gani a gidan marigayi wana ba, ba abin da zai haɗa ni da biro. Amma tunda an riga an rubuta littafi mai shafi ɗari huɗu a kan Nivaldo kuma aka tsallake abin da ya fi ciwo, bari ni ma in rubuta nawa shafi biyar ɗin.

Nivaldo ɗan wana ne, shi ne ƙarami. Ya yi shekara biyar da wata huɗu a kurkuku saboda wata jaka da ya ɗauko a babur, sannan aka yi masa sakin talala. Alƙali ya ce ya ƙarasa sauran a gida, da sharaɗin ya zauna a adireshin da uwarsa ta sa wa hannu, kuma duk wata ya je kotu ya nuna fuska. Ranar da uwar ta janye hannunta, ranar zai koma ciki. Ku riƙe wannan, don da shi aka ɗaure masa baki.

Yayansa kuma shi ne Clodoaldo, abin alfaharin layinmu, wanda ya bar gemu tun ranar da ya shiga jami'a don kada a ɗauka ɗan makanike ne. Digiri na uku yake yi, bincikensa a kan yadda maza ke soyayya da kwanciya a gidajen yari, da irin zaman da ake yi da waɗanda ke son maza 'yan'uwansu. Uwarsu, Yaya Zulmira, in an tambaye ta a coci sai ta ce, "Yana karatun gyaran gidajen yari ne." Duk Lahadi Clodoaldo na layin masu ziyara, leda a hannu ɗaya, littafin rubutu a ɗaya. Duk unguwa ana cewa ga ɗan'uwa na gari. Ni ma na faɗa, ban ware kaina ba.

Saura mako guda a saki Nivaldo, muna cin abincin rana, Clodoaldo ya goge baki ya ce zai karanta mana babi na huɗu. Matarsa Marinalva ta kashe rediyo. Ya gyara murya kamar fasto, ya karanta yadda a can ciki, in an san mutum na kwana da namiji, ba a haɗa kofi da shi, ko cokali, ko faranti. Ana ƙona bakin kofinsa na roba da wuta don a gane shi, wanda kuma ya kuskura ya sha da shi ya shiga sahunsu ke nan. Ya karanta labarin wani fursuna da ya ɓoye wa suna ya kira shi N., ɗan makanike daga gabashin São Paulo, mai tabon salansa a ƙafar dama. Kai, wannan ɓoye suna! Ko akuyar unguwa aka karanta wa, za ta waiwayo ta dubi hoton Nivaldo da ke bango.

Yaya Zulmira ta ajiye cokali. Ta dubi wake a farantinta, sannan ta ce, "Ka ce da me suke yin alamar?"

"Da wuta, Mama. Wani lokaci da wuƙa." Har da murmushinsa, wai yau uwarsa ta nuna sha'awar ilimi. "Kin ga zaluncin ko?"

Ta ce, "Na gani."

Ashe ita ba kukan zalunci ta ji ba, umarnin yadda ake yi ta ji.

Ranar Talata Nivaldo ya shigo gida, ya rame, haƙori ɗaya ya tafi, amma bakin nan nasa na tsiya yana nan. Ya rungume ni ya ce, "Gwaggo, har yanzu kina ƙamshin man suya, yanzu na tabbata na fito." Uwarsa ta yi kuka na gaske, ta shafa kansa, ta zuba gahawa. Kofunan gidan farare ne guda shida, saiti ɗaya tun na bikinta. Biyar suna kan tire, na shida ta ɗauko shi daga kan firji ta miƙa masa.

Na ga hannunsa ya juya kofin kafin ya kai baki, irin abin da hannu ya saba. A gindin akwai ɗigon jan farce, ja wur, irin na Marinalva. Ya dubi ɗigon, ya dubi uwarsa, ya dubi yayansa. Sai ya yi dariya ya ce, "Mama, an samu ci gaba. Na can na roba ne."

Ba wanda ya taya shi dariyar, ya shanye gahawarsa.

Gidana layi uku ne daga nasu, kullum da safe a can nake shan gahawa, don haka a idona komai ya faru. Mako na farko kofi ne kawai. Na biyu aka samu faranti da cokali masu ɗigo. Na uku tawul ɗinsa ya koma kan igiyar bayan gida, sabulunsa a cikin gwangwanin man shanu. Kafin wata ya cika, kayansa ba sa shiga injin wanki, a bokiti yake wanke su, kuma sai kowa ya tashi daga tebur ake zuba masa. Ni kam jan farcen Marinalva na ji wa tausayi, kwalba guda ta ƙare ba ta taɓa farce ba.

Na tare Yaya Zulmira a kicin na ce, "Wai mene ne haka?"

"Tari, Ondina. Kowa ya san tarin kurkuku."

"An gwada shi a asibitin unguwa, takardar ga ta can manne a firji, lafiyarsa ƙalau. Ke ce ma kike tari tun Ista."

"Nawa na ƙura ne." Ta ci gaba da yanka albasa. "Kuma ni ban ƙirƙiro ba. Su da suke zaune da su shekara da shekaru, su suka san dalili. A littafi yake, ɗana ne ya rubuta."

"Ya rubuta ne don a daina!"

"To ni ban kore shi ba, ban zage shi ba, ina ba shi abinci har ya ƙoshi. Wace uwa ce za ta sa hannu a kotu bayan ta ji abin da na ji a kan tebur, a gaban suruka?" Nan idonta ya kawo ruwa, ta ce albasa ce.

Na koma kan Marinalva. Ita tata mai sauƙi ce: "Gwaggo, gidan Mama ne, ni baƙuwa ce. Jan farcen kawai ta ara."

Sai babban malami. Na same shi a ɗakinsa cikin takardu, na ce, "Clodoaldo, abin da ka cika shafi arba'in kana la'anta ga shi can a kan firjin uwarka."

Ya cire tabarau ya murza ido. "Na lura, Gwaggo. Wallahi abin ya tsaya mini a rai. Amma kin san abin mamaki? Ba wanda ya taɓa rubuta yadda al'adar ke fitowa daga kurkuku ta shiga gida. Wannan sabon abu ne gaba ɗaya."

"Sabon abu ne, ƙanenka ne kuma."

"Mama 'yar wani zamani ce, ba a canza mutum da faɗa. Kuma mai bincike ba ya tsoma hannu a abin da yake nazari, in ya tsoma ya ɓata shi. Ki bari in kare digirin nan, saura wata biyu, zan zaunar da ita."

Na ce, "Allah ya kai mu, Dokta." Ya ce ai bai zama ba tukuna, har yana jin kunya, wai shi a dole yabo na yi.

Kwana biyu bayan haka na iske shi a bayan gida ya tsuguna gaban Nivaldo, wanda ke wanki a bokiti, ya kunna na'urar ɗaukar murya. "Ka faɗa mini da kalmominka, me ka ji a ranka lokacin da ka ga ɗigon?"

Nivaldo ya matse wando ya ce, "Na ji gahawar ba sukari, Yaya."

"Don Allah ka bar wasa."

"To rubuta: N. ya ce a miƙo masa sabulu." Clodoaldo ya dubi gwangwanin sabulun, ya dube shi, ya tura masa da gefen takalmi. Ina tsaye na gani da idona.

Wata na biyu aka ce ɗakin da Nivaldo yake kwana Clodoaldo na bukatarsa don littattafai, aka mayar da shi ɗan ɗakin baya inda ake ajiye tukunyar gas da tsohon keken ɗinki. Ya nemi aiki a gareji uku, kowa ya ji inda ya fito sai ya ce a dawo wani mako. Barkwancin nasa ya fara raguwa. Ya daina shigowa falo, ya daina kallon ƙwallo da yayansa, in zai wuce ta kicin sai ya maƙale hannuwa a jiki kamar mai tsoron shafa wa bango fenti. Wannan ne ya fi ba ni tsoro, don ba wanda ya ce masa ya yi hakan.

Wata safiya na kai masa pastel biyu masu zafi, na zauna kan keken ɗinkin na ce, "Kai ma ka buɗe baki mana. Ka fasa kofin nan da bango."

"In fasa, Mama ta je kotu ranar Litinin? Gwaggo, saura wata goma sha tara. Na iya zaman nan, na yi digiri a kansa kafin Yaya." Ya ci pastel ɗaya, ya naɗe ɗayan a takarda. Sai ya ce, "Ya karanta muku labarin Aparício?"

Na ce a'a, a wajen wuta da wuƙa aka tsaya.

"Aparício ɗan ɗakinmu ne, birkila, ƙato, ba ya magana. Mun yi wata takwas muna tare a ɓoye, ni kaɗai aka sani, ni kaɗai ke da ƙonannen kofi. Rannan ana rabon gahawar safe, mutum talatin a tsaye, ya taso ya karɓi kofin daga hannuna ya shanye. Suka fasa masa baki, suka watso katifarsa kusa da masai, wajena. Yana tofar da jini yana cewa gahawar ta yi sanyi." Ya yi murmushi, ya sunkuyar da kai. "An mayar da shi wani gidan yarin can nesa, ban san ko yana raye ba. A can mutum ɗaya ya sha da kofina, ya san duka zai sha. A nan ba mai dukan kowa, Gwaggo."

Bai ƙarasa ba, ba sai ya ƙarasa ba. Wata biyu ina zuwa gidan nan ina surutu, na yi wa uwa, na yi wa suruka, na yi wa Dokta, amma kullum da kofin kan tire nake shan tawa gahawar. Kunya ta kama ni har na rasa inda zan sa ido. Kuma don in faɗi gaskiya duka, washegari ma da na kan tiren na sha. Na ce wa kaina ba na son tayar da fitina.

Clodoaldo ya kare digirinsa ranar Juma'a, aka ce malamai sun miƙe tsaye suna tafi. Ranar Asabar aka shirya walimar rana a gida: tukunyar baƙin wake da busasshen nama, shinkafa, soyayyen garin rogo, yankakken lemu. Tun safe Yaya Zulmira ta ce wa Nivaldo ya zauna a baya ya kula da gawayi da wanke tukwane. Clodoaldo ya bi shi da bayani: "Don kare ka ne. Ƙa'idar bincike ce, bai kamata su ga fuskar wanda aka yi hira da shi ba."

"Na gode, Yaya. Ka ga ni ban san ana kare ni ba."

Baƙi suka cika falo, masu gemu da masu jakar yadi. Babbarsu Farfesa Leocádia, wadda ta duba aikin, 'yar tsohuwa mai furfura da muryar maza, mai son shiga inda ba a kira ta ba. Ana tsakiyar ci ta tashi neman ruwa da kanta, ta shige kicin kafin Marinalva ta tare ta. Sai ga ta ta fito riƙe da kofi da hannu biyu, ta kifa shi, fuskarta cike da murna.

"Clodoaldo! Ba ka gaya mini ka samo ɗaya ba! Jama'a, ku zo ku ga babi na huɗu da idonku. Daga can ka fito da shi?"

Na dubi Clodoaldo. Na rantse na ba shi dama a zuciyata, na ce yau zai zama ɗan wana. Ya haɗiye abin da ke bakinsa ya ce, "Eh, Farfesa. Wani daga cikinsu ne ya ba ni."

Kofi ya shiga zagaye hannu zuwa hannu. Wani ya ce abin tausayi, wata ta ɗauki hoto, wani mai tabarau ya ce abin lura shi ne jan farce, alamar mata, a kan kayan namiji, lallai a yi muƙala a kai. Farfesa ta ɗan yamutsa fuska ta ce, "Amma tangaran? Suna barin tangaran ya shiga?" Yaya Zulmira ta ce wa zai ƙara wake.

Sai muka ji murya daga ƙofar kicin. Nivaldo ne, gumi har wuya, gajeren wando, tabon salansa a fili.

"Ranku ya daɗe, in kun gama kallo, ƙishirwa nake ji."

Mai tabarau, da kofin ke hannunsa, ya rasa wa zai miƙa wa. Farfesa ta dubi tabon, ta dubi hoton bango, ta dubi ɗalibinta. Tsohuwar ba ta da wauta.

"Naka ne?"

"Nawa ne, Farfesa. Akwai faranti da cokali ma, in za a haɗa saitin." Ya karɓa da ladabi, ya tara a famfo ya sha, ya ɗauraye, ya mayar kan firji, ya koma wajen gawayinsa.

Ba a kai ga kek ba. Farfesa ta ɗauki jakarta, a bakin ƙofa ta ce wa Clodoaldo, "Ka same ni a ofis ranar Litinin," ba ta kira shi Dokta ba. Mota ta ƙarshe na tashi gidan ya kama da wuta. Clodoaldo na ihu wai an rusa masa shekara shida a minti ɗaya. Marinalva na kuka wai za a ce jan farcenta ne. Yaya Zulmira ta tsaya a ƙofar baya ta ce: "Na rufa maka asiri, ka tona mana a gaban manya! Ranar Litinin zan je in cire hannuna, ka koma inda aka san irin zaman da ake yi da kai!"

Nivaldo na durƙushe yana kankare tukunya. Ya ce, "Ruwa kawai na sha, Mama."

Ko za ta je ɗin da gaske, ko baƙin ciki ne ya yi magana, ban tsaya gwadawa ba. Ranar Litinin tun kafin a buɗe ƙofar kotu ina tsaye da takardar wutar lantarkina mai adireshina, Nivaldo a gefena da kayansa a leda biyu. Magatakarda ya ce, "Kin san in ya yi laifi ke za a nema?" Na ce shekara talatin ina tsaye gaban tafasasshen mai, ba takarda ce za ta ba ni tsoro ba. Muka yi sati biyu muna sintiri kafin alƙali ya amince.

Clodoaldo bai rasa komai ba, kada ku damu da shi. An ja masa kunne, ya ƙara babi, littafin ya fito, a shafin farko an rubuta: Ga N., wanda ya koya mini komai. Kofin yana kan kantar ofishinsa, an ce har da 'yar takarda a ƙasa. Yaya Zulmira kuma tana gaya wa 'yan coci cewa ƙaramin ya koma wajen gwaggonsa don ya fi kusa da kasuwa. Duk wanda ka tambaya a gidan nan bai yi komai ba: ɗaya tsafta ta yi, ɗaya aro ta bayar, ɗaya nazari yake. Mutum uku masu hankali, masu zuwa coci da jami'a, suka gina wa yaro kurkuku da kwalbar jan farce guda, ta huɗunsu kuma tana zuwa kullum tana shan gahawa tana ba da shawara.

Safiyarsa ta farko a gidana na dafa gahawa, ina juya ƙwai na ce masa ya ɗauko kofi. Kofunana huɗu ne, ba wanda ya yi kama da wani, ɗaya ma ba hannu. Na ji shiru ya yi yawa, na waiwaya. Yana tsaye gaban kanta, ya ɗauki na farko ya kifa ya duba gindi, ya ajiye, ya ɗauki na biyu. Sai da ya duba duka huɗun.

"Gwaggo, wanne ne nawa?"

"Duk wanda hannunka ya kai."

Ya yi 'yar dariya, amma hannun bai miƙa ba. Ƙato ɗan shekara talatin da ɗaya, wanda ya tsaya gaban farfesoshi bai ji ɗar ba, ya kasa ɗaukar kofi a kicin ɗin gwaggonsa. Na sauke kaskon, na ɗauki marar hannun na cika na ba shi, na ce sha. Ya kurɓa. Na karɓe daga hannunsa na kafa baki daidai inda ya kafa nasa, na sha har ta ƙona mini harshe, na mayar masa.

Ya riƙe kofin da hannu biyu, ya daɗe yana kallon cikinsa, hawaye na ɗiga a ciki.

Ya ce, "Gwaggo, ba sukari."

Na ce, "Tashi ka ɗauko, gwangwanin na nan inda kowa ke sa hannu."